Ɗan Duwala a fina-finan Jamus marasa magana: jarumi ne ko ɗan abi yarima?

Malam Habu Silima:
Salamu alaikum jama'a. Yau ina so mu ɗan bar su Chaplin mu leƙa Jamus, akwai wani ɗan fim da nake ganin an danne masa haƙƙi a tarihin silima, sunansa na fim Louis Brody, sunan da iyayensa suka sa masa kuma Ludwig M'bebe Mpessa. An haife shi a Duwala 1892 lokacin Kamaru tana hannun Jamusawa, ya yi makarantarsu ya iya harshensu, ya tafi Jamus yana matashi tun kafin yaƙin duniya na ɗaya, bai kuma koma gida da zama ba har ya rasu a Berlin watan Fabrairu 1951. Fim ɗinsa na farko 1915 ne, wani fim ɗin ɗan sandan ciki na darakta Joe May. Daga nan ya yi aiki da manyan daraktocin zamanin, Robert Wiene ya sa shi a Genuine 1920, Fritz Lang ya sa shi a Der müde Tod 1921, kuma ya ci gaba da fitowa a gomman fina-finai shekara 36 cur. Amma ka buɗe duk inda ake lissafin jaruman Jamus na lokacin fim mara magana zaka ga Jannings, Veidt, Krauss, shi ko alamar sa babu. Ni ra'ayina mutumin nan cikakken ɗan wasa ne ba ɗan cike gurbi ba, a shekarun 1920 ya kamata a auna shi. Me kuka gani?

Auta:
Malam tsaya tukuna, Bajamushe kuma ɗan Duwala? ai na zata wani bature ne mai gashin baki hhh

Ɗan Garwa:
Auta kai yaro ne shi yasa. Daga 1884 Jamus ce ke mulkin Kamaru, da sarakunan Duwala suka fara sa hannu, gidan Bell da gidan Akwa. Mu nan arewa sai daga baya suka iso, sun ci Garwa ƙarshen 1901 suka ci Marwa farkon 1902, a nan suka karya rundunar Lamiɗo Zubairu bayan Ingilishi sun kore shi daga Yola. Kai har Mubi da Dikwa da Gwoza duk a ɓangaren Jamus suke a da, sai 1961 aka yi ƙuri'a suka shiga Najeriya. To 'yan Duwala su suka fi kowa zuwa Jamus saboda suna bakin teku, wasu karatu wasu koyon sana'a wasu a jirgin ruwa.

Auta:
Toh yau na ƙaru Yaya. Ashe saura kaɗan 'yan Mubi su riƙa yin Jamusanci

Maman Iman:
Malam Habu barka da ƙoƙari, amma gaskiya ka yanke labarin a inda ya maka daɗi. Kace a auna shi da shekarun 1920, to me yasa? Ai mutumin nan bai mutu a 1929 ba. Shi ne fa ya fito a Jud Süß 1940, fim ɗin da Goebbels ministan farfagandar Hitila ya sa aka yi don a cusa ƙiyayyar Yahudawa, ya fito a Ohm Krüger 1941, fim ɗin farfagandar 'yan Nazi na ɓata Ingila, ya fito a Carl Peters shi ma 1941 wanda aka yi don a wanke ɗan mulkin mallakan da ya rataye mutane a gabashin Afirka. Ba a auna mutum da rabin rayuwarsa don Allah.

Malam Habu Silima:
Hajiya zan zo kan wannan ban gudu ba. Amma ki bari mu fara da abin da ya iya tukuna, don in ba a san me ya iya ba ba za a gane me aka yi da shi ba. Sani kana kusa? kai ne mai ido a kan aikin kyamara.

Sani Kyamara:
Ina nan Malam. Ni Der müde Tod ɗin na kalla kuma na maimaita sin ɗinsa. Ga wanda bai san fim ɗin ba, wata yarinya ce Mutuwa ta ɗauke mata saurayi sai ta bi shi har wani zaure cike da kyandirori, kowane kyandir ran mutum ɗaya ne, sai Mutuwa ya nuna mata guda uku da suke gab da mutuwa yace in ta ceci ko ɗaya zai dawo mata da nata. Shi ne fim ɗin ya rabu labari uku, ɗaya a ƙasar Larabawa ɗaya a Venis ɗaya a Sin. Brody yana na Venis, shi ne bawan uwar ɗakin, ita ta shirya gadar zare a kashe mutumin da ake so a aura mata dole, shi kuma mugun ya gano sai ya juya abin ya turo masoyin nata cikin kayan biki fuska a rufe, ita tana fafatawa da shi da takobi bata san shi bane, Brody ya fito ta baya ya soke shi.

Abin da nake so ku lura, a fim mara magana ba ka da murya ba ka da dayalog, in za a yi magana sai a yanke a nuna allon rubutu, kuma darakta mai hankali baya son yawan allon don yana kashe gudun labari. Saboda haka komai a jiki yake, yadda ka tsaya, inda ka kalla, saurin da ka ɗaga hannu. Kyamarar ma da hannu ake juya ta, ba ta yawo kamar yanzu, an kafa ta wuri ɗaya kai ne zaka kawo kanka inda haske yake. Yawancin 'yan wasan lokacin daga dandamali suka fito sai kaga suna ta watsa hannu suna zare ido kamar masu iska, shi kuwa mutumin nan tsayuwa yake cak, baya motsi sai da dalili, kuma idonka na komawa kansa ko da jarumar tana cikin firem ɗin. Wallahi wannan ba ƙaramin abu bane, mu da muke lokeshan mun san wahalar samun ɗan wasan da zai iya yin shiru a gaban kyamara bai zama gunki ba.

Kawu Iro:
Sani na yarda da kai kan iyawa. Amma fa ka duba me aka ba shi, bawa mai wuƙa a ɓoye bayan labule. A wancan na Wiene ɗin ma bawa ne, wai ɗan Malay, mutumin Duwala an maida shi ɗan kudu maso gabashin Asiya don su a wurinsu duk wanda ba fari ba ɗaya ne. Kuma labarin Larabawan da ka wuce da sauri ni shi ya fi ɓata min rai, wai cikin azumi ƙanwar halifa ta haɗu da saurayinta bature a masallaci, duk musulmin da ke ciki kuma an maida su masu zare ido da takubba. Lang gwani ne ba musu amma abin da ke kansa game da mu ya fito fili.

Sani Kyamara:
Kawu ai ban ce rol ɗin mai kyau bane. Cewa nayi ya yi shi da kyau. Kamar a nan ne a ce mutum shekara ashirin ba a taɓa ba shi komai ba sai maigadi, buɗe get rufe get, amma duk wanda ya san aiki in ya gan shi ya san da an ba shi alhajin gidan da ya fi mai yin alhajin.

Auta:
Tambaya, in babu magana to shiru ake zama a silimar kamar gidan makoki?

Malam Habu Silima:
A'a Auta, kiɗa ake yi kai tsaye. Ƙananan silimu mai fiyano ɗaya ne a gaban allo yana kallo yana bugawa, manyan na Berlin kuwa cikakkiyar ƙungiyar makaɗa ce. Kuma wannan rashin maganar shi ya sa fim ɗin Jamus ya yi kasuwa a waje, ka canza allon rubutun kawai zuwa Faransanci ko Turanci shikenan ka sayar. Ga kuɗinsu ya faɗi warwas bayan yaƙi, a Nuwamba 1923 dala ɗaya ta kai mak tiriliyan 4.2, to furodusa zai biya ma'aikata da takardar da ba ta da daraja ya sayar da fim a waje ya karɓi dala. Shi yasa suka iya gina manyan set na ban mamaki, Joe May ya gina gari guda a Woltersdorf wajen Berlin ya yi Die Herrin der Welt kashi takwas a 1919 zuwa 1920, labarin yana yawo daga Sin zuwa Afirka ba tare da an bar gefen Berlin ba, kuma Brody yana ciki. Ku lura da shekarar, 1919 ce shekarar da aka ƙwace wa Jamus duk ƙasashen da take mallaka a yarjejeniyar Versailles, sai jama'a suka koma neman Afirkar a silima. Wannan ƙishirwar ita ta ba baƙaƙen da ke Berlin aiki, da yawansu ba don suna son fim suka shiga ba, sauran ƙofofin ne a rufe.

Inda Brody ya bambanta da sauran shi ne sunansa yana fitowa a jerin 'yan wasa, ba cikin taron da ake ɗauka a biya su kuɗin yini ba. Duk da sunan ma kowa yadda ya ga dama yake rubutawa, yau Louis gobe Lewis jibi Lovis, wannan na cikin abin da ya sa bin sawun aikinsa ke da wuya. Ƙari a kan haka faifan fim ɗin lokacin da sinadarin naitiret ake yin sa, yana ruɓewa yana kuma kamawa da wuta, mafi yawan fina-finai marasa magana na duniya sun salwanta. Genuine ɗin ma wanda ya fi yawo a intanet guntu ne da aka datse, bai kai minti 45 ba.

Balkisu Damagaram:
Sannunku da hira. Ni abin da ban ji kun taɓo ba shi ne wasiƙarsa ta 1921, kuma a ganina ita ce ta fi kowane fim nuna ko shi wane ne. Bayan yaƙi Faransa ta girke sojoji a yankin Rhein, cikinsu akwai 'yan Afirka, 'yan Maroko da Aljeriya da Madagaska da waɗanda ake ce wa 'yan Senegal, ko da yake wannan sunan kawai ne, daga ko'ina a Afirka ta yamma ta Faransa ake ɗibo su. Sai jaridun Jamus da 'yan siyasa suka tada ƙura wai abin kunya ne baƙi su yi gadin farare, aka riƙa zana su a matsayin dabbobi masu yi wa mata fyaɗe, har fim aka yi a kai 1921. Abin ya kai ana tare baƙar fata a titi ana duka a garuruwan da ko sojan Faransa ɗaya babu. Brody yana cikin ƙungiyar taimakon juna ta 'yan Afirka da aka kafa a Hamburg 1918, shi ya rubuta a madadinsu a jaridar B.Z. am Mittag watan Mayu 1921 yana roƙon Jamusawa su daina wannan hura wutar, yace su ba jinsin marasa tarbiyya bane kamar yadda ake yaɗawa. Mutumin da abincinsa yake hannun furodusoshi farare ya fito da sunansa a jarida a irin wannan lokacin, ni dai na ɗaga masa hula.

Maman Iman:
Balkisu 'yar'uwa ki faɗi sauran mana. A wasiƙar ai ya nuna cewa su waɗanda ke Berlin daga tsofaffin ƙasashen Jamus suka fito, ba su ne sojojin mamayar ba. Wato ku bar mu mu naku ne, waɗancan ne ba naku ba. Wannan ba kare baƙar fata bane, kare kai ne.

Balkisu Damagaram:
Eh ya raba, ban musa ba Aunty. Amma ki sa kanki a wurinsa. Takardar da yake riƙe da ita ta ɗan ƙasar da Jamus ke mallaka ce, ƙasar kuma an raba ta tsakanin Faransa da Ingila, to shi yanzu ɗan ina ne? Ba Bajamushe ba ne a doka, Faransa kuma tana kallonsa a matsayin yaron Jamus. Hujja ɗaya da yake da ita a gaban mai karanta jaridar nan ita ce ku kuka je ƙasarmu kuka ce mu naku ne. Da ita ya yi amfani. Kuma bai tsaya nan ba, 1929 yana cikin reshen Berlin na ƙungiyar kare baƙar fata da Tiemoko Garan Kouyaté ɗan Mali yake jagoranta daga Paris, wannan kam ta kowa da kowa ce ba ta 'yan Kamaru kaɗai ba, kuma masu adawa da mulkin mallaka ne ƙarara.

Ɗan Garwa:
In ƙara a kan na Balkisu, ku tuna a watan Agusta 1914 Jamusawa suka rataye Rudolf Duala Manga Bell, sarkin gidan Bell, a Duwala saboda ya ƙi yarda a ƙwace filayen mutanensa a bakin kogi. Duk ɗan Duwala da ke Jamus ya san wannan labarin, ya san abin da ake yi wa mai ɗaga murya. To wanda ya san haka ya kuma rubuta a jarida ba matsoraci bane.

Malam Habu Silima:
Akwai ma wani abu da yake burge ni fiye da wasiƙar. Disamba 1930 ya shirya wasan dandamali nasa na kansa a wani zauren taro a unguwar Neukölln, shi ya rubuta, 'yan wasan baƙaƙe ne mazauna Jamus, da kiɗa da rawa, kan tarihin Afirka yadda su suke ganinsa. Wato bayan shekara 15 yana sa rawanin da wasu suka naɗa masa ya nemi ya ba da labarin da bakinsa. Kuma lokacin ne sauti ya shigo fim, da yawa daga jaruman zamanin shiru suka faɗi saboda murya ko harshe, shi kuwa Jamusancinsa garau ne ga wasu harsunan, ga waƙa, ga kokawa yana yi a tsakanin fim da fim don cike gibin aljihu. Da duniya da adalci sautin nan shi zai ɗaga shi. Sai 1933 ta zo, Hitila ya hau mulki.

Maman Iman:
Yauwa mun iso. 1933 ta zo sai me? Joe May da ya fara sa shi a fim ya bar ƙasar. Wiene ya bar ƙasar ya mutu a Paris 1938. Lang ya tafi. Conrad Veidt ya tafi da matarsa Bayahudiya. Shi kuma ya zauna, kuma ba zaman ɓuya ba, zaman aiki. Takardun Faransa ma yake riƙe da su a lokacin, ba za a ce min ba shi da hanyar fita ba. Jud Süß fa ba ƙaramin fim bane Malam, mutum sama da miliyan 20 suka kalla, Himmler shugaban SS, dakarun jam'iyyar Nazi, ya ba da umarni a nuna wa 'yan SS da 'yan sanda. Masu gadin sansani suna kallon fim ɗin nan suna komawa kan fursunoni. A cikinsa Brody yana tsaye a bayan sarki a matsayin bawa. A Ohm Krüger kuma ya yi Lobengula sarkin Ndebele, sarkin da ya yi fama da Rhodes ɗan mulkin mallakan Ingila a kudancin Afirka, aka maida shi wawan da ake yaudara da kyalkyali. Kowa ya ci ladan kuturu ai dole ya yi masa aski, kuma ya ci, don yana cikin 'yan ƙalilan baƙaƙen da ake biya da kyau.

Kawu Iro:
Hajiya maganarki da nauyi. Amma Veidt da Lang da suka tafi Ingila da Amurka jiransu ake da kwangila, farare ne kuma sanannu. Baƙin mutum ɗan shekara 41 da aikinsa duk cikin Jamusanci ina zai je a 1933? Amurkar da baƙi ke shiga silima ta ƙofar baya? Kamaru kuwa hukumomin Faransa ba sa son waɗanda suka daɗe a Jamus su dawo, balle wanda sunansa ya taɓa shiga ƙungiyar masu adawa da mulkin mallaka. Faransar kanta 1940 Hitila ya shige ta. Ga iyali, 1938 ya auri 'yar wani ɗan Kamaru da ke zaune a Danzig suka samu 'ya mace.

Maman Iman:
Kawu iyali kowa yana da shi. Waɗanda fim ɗin ya jawo aka kashe ma suna da shi.

Balkisu Damagaram:
Bari in kawo wani mutum don a ga yadda ƙasar take a lokacin. Bayume Mohamed Husen, haifaffen Darussalam 1904, ya yi wa Jamus aikin soja yana yaro a gabashin Afirka, ya zo Berlin yana koyar da Swahili yana kuma fitowa a fim, shi ma yana cikin Carl Peters ɗin nan tare da Hans Albers. A shekarar da fim ɗin ya fito 1941 aka kama shi bisa zargin hulɗa da farar mace, ba a ko kai shi kotu ba aka tura shi sansanin gwale-gwale na Sachsenhausen, a can ya mutu Nuwamba 1944. Kafin nan 1937 an tattara yaran da sojojin nan na Rhein suka haifa da matan Jamus, wajen 385, aka yi musu aikin hana haihuwa da ƙarfi ba tare da wata doka ba. To Brody yana ganin wannan duka, abin da ya ci Doma ai ba ya barin Awai. In takarda ta zo daga kamfanin fim da ke ƙarƙashin Goebbels ana nemanka lokeshan ranar kaza, ki gaya min ta yaya baƙin mutum zai ce ba ya zuwa.

Maman Iman:
Labarin Husen ɗin ai ni yake goya wa baya Balkisu. Ya yi musu fim ɗin kuma bai cece shi ba. To ashe ba kariya ba ce.

Sani Kyamara:
Ba kariya ce tabbatacciya ba Aunty amma ita kaɗai ce ake da ita. Theodor Michael wanda babansa ɗan Kamaru ne, an haife shi a Berlin 1925 ya rayu har 2019, shi ma yana matashi ya yi ɗan cike gurbi a Münchhausen 1943, fim ɗin da Brody ma yake ciki. An hana su makaranta an hana su koyon sana'a, abin da ya rage sai fim da sakus, wato wasan dabbobi da tsalle-tsalle a tanti, da wasan nuna 'yan Afirka da ake yawo da shi gari gari. Kuma lokeshan shi ne wuri ɗaya da baƙaƙen Jamus za su taru su ga juna su ji labarin wa aka kama wa ya ɓace ba a ce sun yi taro ba.

Auta:
Ni dai abin da ya ɗaure min kai, su fararen da suka ja ragamar fina-finan me aka yi musu bayan yaƙi?

Malam Habu Silima:
Tambaya mai kyau Auta. Veit Harlan daraktan Jud Süß an kai shi kotu a Hamburg 1949 aka wanke shi, aka sake 1950 aka sake wanke shi, ya koma yin fim abinsa. Werner Krauss, wanda ya yi likitan nan a fim ɗin Caligari na Wiene 1920, shi ya yi rol ɗin Yahudawa da yawa shi kaɗai a fim ɗin, an dakatar da shi na ɗan lokaci ya dawo dandamali har da lambar yabo. Jannings da ya ja Ohm Krüger, wanda shi ne ya fara cin Oscar na gwarzon jarumi 1929, an hana shi aiki ya mutu a Ostiriya 1950. Amma Krauss da Jannings har gobe ana koyar da aikinsu na zamanin shiru a makarantun fim, ana cewa ga gwanintarsu ga kuma laifinsu. Ni abin da nake nema wa Brody kenan Hajiya, ba wankewa ba. Su da suke da zaɓi an ajiye musu shafi biyu, shi da zaɓinsa bai kai nasu ba ko layi ɗaya ba a ba shi ba.

Maman Iman:
In haka ne Malam mun ɗan matso kusa. A ba shi shafinsa, ban hana ba. Amma ka fara da cewa a auna shi da shekarun 1920, wannan ne ban yarda ba kuma har yanzu ban yarda ba. Kuma ni ina ganin rol ɗin 1921 da na 1941 ba su da nisa kamar yadda kake nunawa, bawa mai wuƙa a bayan labule da sarkin da ake saye da madubi duk hoto ɗaya ne na baƙin mutum, 'yan Nazi ba su ƙirƙiro shi ba, tarar da shi suka yi a silimar su Lang suka ɗora.

Kawu Iro:
Wannan kam gaskiya ce mai ɗaci.

Malam Habu Silima:
Hoton ɗaya ne na yarda, amma abin da ake yi da hoton ya canza. A 1921 ya soki mutum a fim da rana ya rubuta wa jarida da dare kuma aka buga. A 1941 wace jarida ce zata buga?

Ɗan Garwa:
Bayan yaƙin me ya yi Malam, ya daina?

Malam Habu Silima:
Bai daina ba Ɗan Garwa, Berlin ta zama kufai amma ya ci gaba da kiɗa da waƙa da aikin sakus, ya kuma koma fim. Na ƙarshensa Die letzte Heuer ne na kamfanin DEFA na Jamus ta gabas, labarin ma'aikatan jirgin ruwa, ya fito 1951 shekarar da ya rasu. Wato ya yi aiki ƙarƙashin Kaisa sarkin Jamus, ya yi a jamhuriyar Weimar da ta biyo bayansa, ya yi ƙarƙashin Hitila, ya ƙare da 'yan gurguzu.

Maman Iman:
To Sani tunda kai ne mai maimaita sin, ka nemo mana na Lobengula ɗin ka sa shi gefe da na Venis mu kalla a jere ranar Asabar, in har tsayuwar nan da kake yabo tana nan a 1941 ina so in gani da idona ko ya yi wani abu da ita ko kuwa abin da aka ce ya yi kawai ya yi.

Sani Kyamara:
Na Venis ɗin yana hannuna Aunty. Ɗayan zai yi wuya, yana cikin fina-finan Nazi da har yanzu ba a sakin su haka kawai a Jamus sai da mai bayani a zauren, amma bari in tambaya in gani.